Ana shata iyaka a Wata, Afirka na sa hannu ɗaya bayan ɗaya

A watan Yulin 2025 Senegal ta sa hannu a yarjejeniyar Artemis ta ƙa'idojin bincike da aiki a Wata, wadda Amurka ke jagoranta, alhali tun 2024 ta shiga shirin China da Rasha na kafa tashar bincike a duniyar Wata. Najeriya da Rwanda sun riga ta shiga Artemis tun Disamban 2022, Angola ta biyo su a 2023, Masar da Afirka ta Kudu kuma suna ɓangaren China. Kowa ya je shi kaɗai, ya ɗauki hoto, ya dawo. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne yadda ake karɓar zancen a nan Yamai. Ka tada shi a fada, sai a kwashe da dariya a ce ai wannan yarjejeniyar fim ce, irin wadda daulolin taurari biyu masu gaba da juna suke ƙullawa, kowa ya tsare jiragensa a gefensa. Wai mu da ke fama da tsadar hatsi da ɗaukewar wuta, ina ruwanmu da Wata?

Masu dariyar su sake kallon finafinan nasu da kyau. A irin waɗannan labarai manya biyu ne ke zama su rubuta takarda, ƙananan duniyoyin da layin ya ratsa ta kansu kuwa ba mai tambayar su. Bahaushe bai kamata ya ɗauki wannan a matsayin almara ba. A 1890 Ingila da Faransa suka ja layi daga Say zuwa Barruwa a bakin tafkin Chadi, suka yi ta gyara shi a tsakaninsu, har aka wayi gari Maraɗi na wata ƙasa Katsina na wata, Ƙonni nan Illela can.

Akwai dokar da ta hana a maimaita haka a sama. Yarjejeniyar sararin samaniya ta 1967, wadda Amurka da Tarayyar Sobiyet da Birtaniya suka fara amincewa da ita, ta ce babu ƙasar da za ta mallaki Wata ko wata duniya, kuma ba za a girke makamin nukiliya a can ba. A 1979 aka ƙara wata da ta ce arzikin Wata gadon ɗan'adam ne baki ɗaya. Babu ko ɗaya daga cikin ƙasashen da ke iya kai mutum sama da ta karɓe ta, Saudiyya ma da ta shiga ta fice a 2024. Sai Amurka ta yi dokar cikin gida a 2015 da ta halatta wa kamfanoninta mallakar duk abin da suka haƙo, Luxembourg ta bi sahu a 2017. Artemis, da ƙasashe 8 suka fara a Oktoban 2020 a wajen Majalisar Ɗinkin Duniya, ta zo da abin da ta kira yankin kariya: fili kewaye da wurin aikinka, wanda ba a kusantarsa sai an tuntuɓe ka.

Nan ne wayon yake. Abin da ake rububi a kai shi ne ƙanƙarar ruwa da ke cikin ramukan kudancin Wata, domin daga ita za a samu ruwan sha da iskar shaƙa da man roka, kuma wuraren ba su da yawa. Tambayi kowane makiyayi a Azawak: wanda ya kewaye rijiya da shinge ba ya bukatar ya ce dajin nasa ne.

Masu cewa Artemis ba doka ce mai ɗaure kowa ba sun manta cewa abin da ƙasashe da dama suka saba yi shi ke zama doka gobe. Masu cewa mu rungumi Rasha da China mu huta su ma ba su fi su ba. China ta tarwatsa tauraronta da makami a 2007, Rasha ta yi haka a Nuwamban 2021 ta bar tarkace fiye da 1,500 suna yawo a hanyar kowa, sannan a Afrilun 2024 ta hau kujerar na-ƙi kan ƙudurin hana makamin nukiliya a sama.

Kuma wa ya ce ba mu da kaya a can? Cibiyar AGRHYMET da ke nan Yamai da hotunan tauraron ɗan'adam take hasashen damina da sa ido kan amfanin gona da makiyaya. Starlink, mai samar da intanet ta tauraron ɗan'adam, ya shigo ƙasar nan. A Nuwamban 2024 gwamnati ta ƙulla yarjejeniya da kamfanin Glavkosmos na Rasha don samun taurari 3. Kowane ɗayansu na bukatar gurbi a sama da zangon sadarwa, kuma a yawancin wannan rabo wanda ya riga kai takarda shi ke samu.

An buɗe Hukumar Sararin Samaniya ta Afirka a Alƙahira a Afrilun 2025. Aikinta na farko ya kamata ya zama tsayar da wannan sa hannu na ɗaiɗai, a fitar da matsaya guda a kai ta kwamitin Majalisar Ɗinkin Duniya da ke zama a Vienna. Hukumominmu kuma su fito su gaya mana wa ke magana da sunan Nijar a wannan zaure, da abin da aka ba shi ya faɗa.