A fara ceto kaset ɗin da ke lalacewa kafin wanda ke kawo kuɗi

Ma'ajiyoyin tsofaffin fina-finai da bidiyo da dama suna samun kuɗin shiga ne ta hanyar sayar da izinin amfani da hotunansu. Mai haɗa shirin tarihi zai karɓi kwafin dubawa mai tambari da lambobin lokaci, ya zaɓi daƙiƙun da yake so, a yanka masa farashi gwargwadon tsawonsu, da ƙasashen da za a nuna shirin, da shekarun izinin. Tsarin ba shi da laifi. Illarsa ita ce yakan sa a riƙa gaggauta kwafe abin da ake yawan nema, kamar yaƙe-yaƙe da shugabanni, sauran kuma su ci gaba da ruɓewa a kan kanta. A ganina, saurin lalacewa ne ya kamata ya tsara layin ceto.

Zaren fim da ake naɗewa a ajiye cikin gwangwani na iya jira, muddin yana cikin sanyi. Wanda aka yi da asitet, wani nau'in roba, idan zafi da laima suka taɓa shi yakan fara fitar da asid mai warin tsami, ya ƙanƙance, ya kumbure, asid ɗin ya ƙara hanzarta lalacewar har ya shafi gwangwanayen da ke kusa. Amma a ɗaki mai sanyin digiri 5, da laimar kashi 30 zuwa 40 cikin ɗari, zai yi ɗaruruwan shekaru.

Kaset ɗin bidiyo ba shi da wannan sararin. Gam ɗin da ke riƙe da ƙurar maganaɗisu yakan sha laima ya yi danƙo, ya toshe kan na'urar da ke karanta kaset ɗin. Akan gasa kaset ɗin a zafin kusan digiri 50 na sa'o'i masu yawa, sai ya karantu na ɗan lokaci kawai, dole a kwafe nan take. Babban abin tsoron ma na'urorin ne. Nau'in kaset ɗin bidiyo na U-matic ya fito tun 1971, kamfanin Funai kuma ya daina ƙera na'urar VHS a 2016. Kayan gyara na ƙarewa, masu gyaran na tsufa. Lafiyayyen kaset da babu na'urar kunna shi da ɓatacce duk ɗaya ne.

Lokacin kwafewa ne ya dace a rubuta wanda ya ɗauka, da shekarar, da mai haƙƙin mallaka. Riƙe kaset daban, mallakar abin da ke ciki daban, kuma waƙar da ke tashi a bayan fage tana da nata mai haƙƙin. Hoton da ba a san mai shi ba, gidan talabijin mai taka-tsantsan ba zai saye shi ba.

Bayan kwafewa kada a zubar da na asali. A ajiye kwafi 3, ɗaya a wani gini dabam, ana bincikar lafiyar fayilolin, ana sauya musu mazubi kafin na'urar da ke karanta kaset ɗin LTO, wanda ake adana fayilolin kwamfuta a kai, ta ɓace daga kasuwa. Wannan kashe kuɗi ne na kowace shekara, shi ya sa ya kamata kowace ma'ajiya ta ware wani kaso tsayayye daga kuɗin izini, a rubuce cikin kasafinta, domin kaset-kaset ɗin da babu wanda ya taɓa tambayarsu.