Ranar da akuyar Kaka ta cinye min jari

Wanda bai tashi a Jos ba ba lallai ya san cewa ruwan farkon damina kala-kala ne ba. Mu da yake Allah ya ɗora garinmu a kan tudu, wajen mita 1,200 sama da teku, wani lokacin hadari zai haɗu ta wajen duwatsun Shere ya yi baƙi ƙirin, iska ta kaɗa, kafin ka ankara sai ka ji rufin kwano ya ɗauka kamar ana watsa masa tsakuwa. Ƙanƙara ke nan. Manya su shiga salati suna tunanin gonakin kabeji da tumatir, mu kuwa yaran Gangare ranar bikinmu ce, fita muke ba riga muna tsinta muna tsotsa, ta buge ka a ƙeya ka yi ƙara ka ci gaba.

Abin da zan ba ku labari a azumin 1989 ya faru, wanda ya faɗo a watan Afrilu, lokacin zafinmu ke nan (zafin Jos dai, wanda in ɗan Sakkwato ya ji muna kuka da shi sai ya yi mana dariya). Ina aji biyu a firamare, ina irin azumin nan na yara da ake kaiwa azahar a zagaya bayan randa a dawo a ci gaba da yamutsa fuska. A duk layinmu gida ɗaya ne ke da firji, na wani Alhaji, kullum bayan la'asar za ka ga yara sun yi layi da kofin silba, a fasa maka ɗan guntu na sule ka ruga gida kafin ya narke. Ni dai a idona a lokacin babu mai kuɗi a duniya kamar mutumin nan, don na taɓa ganin Murtala a hannun yaronsa, naira 20 fa, ita ce takarda mafi girma a ƙasar nan a wancan zamanin, naira ɗaya ma takarda ce sai a 1991 ta koma ƙarfe.

To ranar tun daren jiya babu wuta, kowa ya san yau ba ƙanƙarar buɗa baki. Sai ga hadari da azahar, sai ga ta tana zuba kyauta daga sama, tsakar gidanmu ya yi fari fat. Ina tsaye a bakin zaure lissafi ya zo min: Alhaji ba shi da kaya, unguwa na da ƙishi, ni kuma ga kaya har ƙofar ɗaki. Nan take na gama kashe kuɗin a raina. Ranar Sallah zan sayi tabarau na roba da agogon nan da ba ya tafiya, in hau benen Kasuwar Terminus in sauko in sake hawa (Allah sarki kasuwar nan, gobarar 2002 ta cinye ta), sannan in ɗauki hayar tasi ni kaɗai zuwa gidan zoo da ke kusa da gidan tarihi in saya wa biri ayaba da kuɗina.

Na ɗauki Auta aiki, ƙanina, shekararsa ba ta fi huɗu ba, a kan albashin alewa. Na ba shi murfin kwano na ce duk abin da ka gani ƙanana masu zagaye kwashe. Inna na ɗaki ta ɗan kishingiɗa saboda azumi, Kaka na nata ɗakin tana jan carbi, ba mai ganinmu. Muka cika kwanon samira babba.

Saura ajiya, don sai la'asar kasuwa ke ci. Ni kuma mutum ne mai lura, na sha ganin masu sayar da ƙanƙara suna naɗe ta a buhu su rufe, don haka na san sirrin shi ne a lulluɓe ta da kyau a wuri mai duhu. Buhu kuwa ai na masu ƙaramin jari ne. A ɗakin Baba akwai adaka ta ƙarfe, a ciki aka ajiye kayan Sallah da aka karɓo daga tela, babbar rigar Baba farar shadda mai aiki, ta sha bugu tana ƙyalli, a ƙarƙashinta kuma rinanniyar shaddar Inna mai shuɗi. Na buɗe rigar nan na juye kayana a tsakiya, na naɗe, na ɗora ta Inna a kai don ƙarin inganci, na rufe adaka. Har addu'a na tofa.

Daga nan na fita talla. Gida-gida na bi ina sanar da matan layi cewa yau kar kowa ya damu, akwai ƙanƙara a gidanmu, kuma ta sisi ma ina bayarwa. Wata Gwaggo ta tambaye ni yaushe Babanku ya sayi firji, na ce ai tamu ba ta firji ba ce, ta fi ta firji.

La'asar na yi sai ga yara a zaurenmu da kofuna, har da yaron gidan Alhajin, wanda wannan ya fi komai yi min daɗi. Na ce kowa ya yi layi ban son hayaniya. Na shiga ɗaki ina taku ɗai-ɗai, na buɗe adaka, na warware riga.

Babu ƙanƙara ko ƙwaya ɗaya.

Rigar ta jiƙe sharkaf, shuɗin Inna ya bi farin Baba ya yi taswira, ga jar ƙasa, ga kuma wasu baƙaƙen ƙwayoyi zube a daidai wurin aikin wuya. Na ɗauki ɗaya na duba, kashin akuya ne. Jama'a ku yi min adalci, ga kaya sun ɓace, ga jiƙa, ga kashi, wane alƙali ne zai ce ba a gane ɓarawo ba? Kaka na da wata jar akuya mai shegen wayo da ta taɓa cinye min littafin lissafi, tun ranar ba ma shiri. Ashe ta shiga adaka ta cinye min jari, ta yi fitsari, ta yi kashi, ta fita abinta.

Da gudu na je madafa ina kuka, rigar a hannuna tana ɗiga, na ce Inna zo ki ga abin da akuyar Kaka ta yi wa rigar Baba. Inna na dama kunun tsamiya, ta juyo ta ga riga, ludayin ya tsaya a sama. Ta daɗe ba ta ce komai ba, can sai ta ce innalillahi, ta kuma cewa innalillahi, sannan ta ce yau sai dai Babanku ya yi wannan shari'ar, ni ina azumi. Masu kofuna kuwa suna zaure suna ta kiran a fito da kaya, sai da Yaya ya fita ya sallame su.

Bayan an sha ruwa Baba ya zauna a tabarma aka shimfiɗa masa rigar a gaba. Bai ɗaga murya ba, shi dama ba ya yi, kuma wannan ya fi bulala tsoro. Ya ce kai, zo nan, faɗa min yadda aka yi. Na zayyana komai tun daga hadari har ribar da na yi niyyar ba shi a ciki. Ya ce to ita akuyar, ya aka yi ta buɗe adaka? Na ce da ƙaho. Ya ce da ta gama sai ta naɗe rigar ta mayar da murfi? Na ce Baba ba ka san akuyar nan ba ne. Ya juya wajen Auta ya ce kai kuma me ka kwasa? Auta ya nuna ni ya ce farare da baƙaƙe, shi ya ce duk mai zagaye.

Wallahi Baba ya yi ƙoƙari, ya kai kofin kunu baki don ya ɓoye fuska amma abin ya fi ƙarfinsa, sai da kunu ya sarƙe shi Inna na bubbuga masa baya ita ma hawaye na zuba don dariya. Ni kuwa haushi ya ishe ni, an yi min sata ana dariya.

Wadda ba ta yi dariya ba ita ce Kaka. Ta fito da sandarta ta ce maigida, ni za ka yi wa haka? Ina aurenka kana yi wa 'yata ƙazafi a cikin watan azumi? Ta yanke hukunci cewa har ranar Sallah ni zan riƙa kai wa akuya dusa safe da yamma kuma in ba ta haƙuri da bakina. Haka na yi ta yi, ina zuba dusa ina hararar ta, ita kuma tana tauna tana kallona ko kunya babu.

Baba da rigar bara ya je idi. Waccan kuwa aka kai marina aka rine ta gaba ɗaya ta koma shuɗiya, tela ya fitar mana da riga da wando ni da Auta har da ragowar hula, sai ga shi a layinmu kaf ba yaron da ya kai mu tsadar shadda. Gidan zoo ma mun je da kuɗin barka da Sallah, Yaya ya riƙe mana hannu, tabarau ne dai ban samu ba.

Muna dawowa muka haɗu da Alhaji mai firji a ƙofar gidansa, ashe labari ya kai masa. Ya kira ni ya ba ni hannu kamar babban mutum, ya zaro naira ɗaya sabuwa ya miƙa min, ya ce abokin sana'a, don Allah in kaya sun sake sauka a riƙa tunawa da mu ƙananan 'yan kasuwa.