Jarumin da ya shiga aji ba kasuwarsa ce ta mutu ba

Da an ji jarumin fim ya koma koyarwa ko rubutu, sai a ce tauraruwarsa ta dushe. Ina ganin dalilin zaton: a talabijin aka saba ganinsa, yanzu an ji shiru.

Amma sana'ar tana da rassa. A dandamali dole murya ta kai wa na kujerar ƙarshe, kuma in ka yi kuskure ba a sake ɗauka. Gaban kyamara kuwa, ƙiftawar ido ma magana ce. Wanda ya iya biyun shi ke da abin koyarwa. Dubi Joke Silva, jarumar fina-finan kudancin Najeriya: ta ci kyautar AMAA, wadda ake ba gwanayen fim na Afirka, a 2006, ita da maigidanta Olu Jacobs suka kafa makarantar koyar da wasan kwaikwayo ta Lufodo a Legas, kuma ba ta daina fitowa a fim ba.