Tumadir Na Ce, Ba Tumatir Ba

Tunda kun ƙi barin maganar nan ta ranar sunan 'yata ta kwanta, gara in ba da ita da bakina, don wadda ake yawo da ita a majalisa an zuba mata gishiri har ta fi ƙarfin ci. Ban yi kuka ba. Hulata ce ta faɗi na sunkuya ɗauka, na ɗan jima a can ƙasa, shi ke nan.

Kun dai san 'ya'yana biyu na farko ba ni da ta cewa a sunansu. Ta fari sunan Hajiya ta ci, shi ya sa har gobe Ummi ake ce mata. Ta biyu aka yi wa surukata kara. Da ta uku ta zo na ce to, yau filin nawa ne. Sunan kuwa na fi shekara goma sha biyar ina ɓoye da shi, tun muna makarantar dare malamin adabi ya ba mu tarihin Khansa'u, mawaƙiyar Larabawa, ya ce sunanta na yanka Tumadir. Na yi wa yarinya huɗuba a asibiti, na raɗa wa uwarta. Ta dube ni daga kan gado ta ce, "Abban Ummi, ka tabbata?" Na ce na tabbata. Sai ta juya ta fuskanci bango.

Ranar suna bayan asuba an shimfiɗa tabarmi, an fito da goro da dabino, rago na ɗaure a jikin turke. Na matsa kusa da liman na durƙusa na faɗa masa a kunne. Ya ɗan ja baya ya dube ni.

"Da dali ne ko da lodi?"

Na ce, "Da lodi, Allah gafarta malam."

Ya ce, "To, Tumaliru ke nan."

A gaskiya ba zan ce malam ya yi kuskure ba. Harafin nan na lodi tun kaka da kakanni haka muke mayar da shi. Da shi aka samo alƙali, da larura, da farilla, da alwala, har Ramalana da tsofaffi ke faɗa. Amma ni ban shekara goma sha biyar ina tanadin Tumaliru ba. Na ce Tumadir, malam ya ce Tumaliru, ni a hankali shi a hankali, kowa na ja. Ashe sanƙiran unguwa ya cusa kai tsakaninmu yana tsinta. Kun san kunnensa. Mutumin da in ka ce masa ya ɗauko buta sai ya tafi neman wuta. Ya ji "tuma" daga bakina, ya ji "tuma" daga bakin malam, ragowar kuwa ya cike da abin da ya sani.

Ya miƙe, ya gyara rawaninsa, ya dafe kunne da hannu ɗaya kamar mai kiran salla.

"Jama'a a yi salati! Sunan jaririya Tumatir! Allah ya raya Tumatir!"

Wallahi da dariya aka fara da ya zo mini da sauƙi. Amin aka fara cewa. Mutum kusan arba'in, da gemunansu, suka ce amin suka shafa, saboda baki ya saba, kafin kunne ya kai wa ƙwaƙwalwa saƙo. Daga nan wurin ya yi tsit. Ina jin ragon nan yana tuƙa. Baffa ya kai goro bakinsa ya tsaya da shi a tsakanin haƙora, bai ɓantara ba bai fitar ba. Wani dattijo a bayana ya tambayi na kusa da shi, a muryar da yake zaton raɗa ce, "Me aka ce?" Aka ce masa. Ya ce, "Na miya?" Aka ce, "To, wane kuma ka sani?"

Na zabura zan tashi, na taka bakin babbar rigata, na koma zaune, na sake tashi. A nan hular ta faɗi. Da na ɗago na ɗaga murya na ce, "Ba haka ba ne! Tumadir! Tu-ma-dir!" Sanƙira ya gyaɗa kai irin na wanda ya gane laifinsa, ya ɗaga wa jama'a hannu.

"A yi haƙuri, an samu kuskure. Mai gida ya ce ba Tumatir ba ne, Tumatur ne!"

Nan ne fa aka ɓare. Matasan da ke can baya wajen babura suka zube a ƙasa. Liman kansa ya rufe baki da gefen rawani, kafaɗunsa na rawa, wai shi tari yake yi. Yara kuwa ba su jira komai ba, tuni suka kwasa a guje cikin gida kai wa mata labari, sai na jiyo guɗa ta tashi ta katse a tsakiya kamar an ɗauke wuta.

Amma duk cikin masu dariyar nan mutum ɗaya na riƙe a raina, kuma ya san kansa. Maƙwabcin nan nawa mai jan ƙofa. Kowa ya yi tasa ya gama, shi ya ƙi gamawa. Ya riƙe ciki, ya dafa bangon gidana, bangon da ni na yi wa fenti, yana cewa, "A bar mana Tattasai da Attaruhu sai haihuwa ta gaba!" Wannan mutumin fa tsanina yana gidansa tun damunar bara, da ya ce zai gyara indararo ya dawo da shi da yamma. Wannan mutumin ne ya karɓi dubu goma sha bakwai a hannuna ran jajibirin Salla ya ce zuwa Talata, bai dai faɗi wace Talata ba. Kuma shi har yana da bakin yi wa wani dariyar suna? 'Yarsa ta ƙarshe sunan da ya sa mata mun bincika a Larabci babu, a Fulatanci babu, a Hausa babu. Da aka matsa masa ya ce a waya ya gani, ya ji ya yi masa daɗi a baki. Ni ranar nan ban yi dariya ba. Goro na ci, na yi addu'a, har na ba mai jego turmin atamfa. Ranar tawa kuwa dabino ya cika aljihu biyu da shi, na gan shi da idona, na dama da na hagu.

To, maimakon in yi shiru a yanka rago, sai shaiɗan ya raya mini in yi wa jama'a karatu. Na ce ku saurara, wannan suna ne na sahabiya. Tumadir 'yar Amru, daga ƙabilar Banu Sulaim, wadda a matan Larabawa ba a yi mawaƙiya kamarta ba. Ita ce ta yi ta waƙen makokin 'yan'uwanta biyu, Mu'awiya da Sakhru, har ta kai waƙarta kasuwar Ukaza kusa da Ɗa'ifa, inda babban mawaƙi Nabiga yake zama yana yi wa mawaƙa alƙalanci. Na ce wani babban jarumi kuma mawaƙi, Duraidu ɗan Simma, ya nemi aurenta ta ƙi shi don ya tsufa. Nan Baffa ya yi gyaran murya, na tuna bai daɗe da yin amarya ba, na wuce wurin da sauri. Na ce ta zo Madina da mutanenta ta musulunta, kuma an ruwaito 'ya'yanta maza huɗu duk sun yi shahada a yaƙin Ƙadisiyya, wajen shekara ta 636, ta yi haƙuri ta gode wa Allah. Jama'a suka fara cewa Allahu Akbar. Na ji ƙafata ta fara taka ƙasa. Sai na ƙara da cewa duk wanda bakinsa ba zai iya Tumadir ba, ya ce Khansa'u, ai laƙabinta ne.

Da na tsaya a kan Allahu Akbar ɗin nan da yanzu ba wannan labarin ake ba.

Ƙanin matata, ustazun nan da ya dawo daga karatu a Sudan, wanda ba a taɓa yin magana ya bar ta ta wuce ba, ya ɗaga yatsa.

"Yaya, don ƙarin fa'ida. Khansa'u a lugga ma'anarta mai gajeren hanci, wanda ya ɗan lotsa ta sama, ƙarshensa ya ɗaga. Shi ya sa Larabawa ke kiran barewa da saniyar daji da sunan."

Ba wanda ya nemi wannan fa'idar. Kuma kun san hancina. Kun san dangin matata, Fulani ne, hancin kowannensu sai ya riga shi shiga ɗaki. Kwana bakwai ke nan matan gidan suna leƙa fuskar jaririyar suna cewa, "Allah sarki, hancin babanta ta ɗauko," da irin muryar da ake yin jaje. Ido arba'in sau biyu ya bar bakina ya dawo tsakiyar fuskata. Na ji hancin yana ƙara shigewa ciki.

Na ce masa ta tsakanin haƙora, "To ita Tumadir ɗin fa, ba ka da fa'idarta?"

Ya ce akwai. Wai asalinta daga mim da lodi da ra ne, inda Larabawa suka samo kalmar nono mai tsami, har suna da wani abinci da ake dafa nama da shi. An ce kakan ƙabilar Mudar ma daga nan sunansa ya fito, ko don farin fatarsa ko don son nono. Saboda haka ana fassara Tumadir da fara, mai haske, mai laushin jiki. Wannan kam ya yi daidai, ni ma abin da na riƙe ke nan. Amma kafin in buɗe baki in ce kun ji ko, mai jan ƙofa ya riga ni: "Ga tumatir ga nono, saura a kawo fura." Liman dai ya ga abin zai kai hantsi, ya ce a yi fatiha. A addu'arsa Tumaliru ya ce, sau uku, yana kallona.

Cikin gida kuma wata shari'ar ce. Gwaggo tana ganina ta ce, "Kai ɗan nan, duk sunayen matan Annabi da 'ya'yansa sun ƙare ne sai ka tafi kasuwar tumatir ta Kwanar Gafan?" Wata daga bayan labule ta ce ai ba laifi, yanzu kwandonsa ya fi ƙarfin talaka, yarinya za ta yi daraja. Hajiya ce kawai ba ta yi dariya ba. Ta kira ni ɗaki ta ce, "Tsakaninka da Allah, sunan Musulmi ne?" Na ce, Hajiya, sahabbai mata biyu na sani da shi. Bayan mawaƙiyar akwai Tumadir 'yar Asbagu, 'yar shugaban Banu Kalb na Dumatul Jandal, wadda Abdurrahman ɗan Aufu ya aura a shekara ta 6 bayan hijira, ita ce mahaifiyar Abu Salama, babban malamin Madina. Da ta ji an ambaci ɗaya daga cikin goman da aka yi wa bushara da Aljanna sai ta ce, "To, Allah ya raya ta." Ta ɗan yi shiru, ta ƙara da cewa, "Amma ni ba zan iya faɗa ba."

Da dare, bayan an watse, na zauna ina ba mai jego wannan tarihin don in wanke kaina. Baki ya ɗebe ni har na kai inda Abdurrahman ya sake ta a ciwonsa na ajali, Sayyidina Usman ya hukunta a ba ta gadonta, malaman fiƙihu suna kafa hujja da wannan har yau. Ta dakata da shan kunun kanwa.

"Au, sakin ta ma aka yi?"

Na ce ba nan ne wurin lura ba.

Ta ce, "Wato ɗaya ta ƙare rayuwarta tana kuka, ɗaya kuma saki. Abban Ummi, a asibiti sai da na tambaye ka."

Kamar jira take, yarinyar ta tsanyara kuka, ba ta yi shiru ba sai wajen ƙarfe uku. Uwar ta miƙo mini ita ta ce in karɓi mawaƙiyata.

Yanzu wata biyu ke nan. A takardar haihuwa an rubuta daidai, don a kan ma'aikacin na tsaya ina karanto masa harafi ɗaya ɗaya har ya ce, "Malam, na yi makaranta fa." Liman yana nan a kan Tumalirunsa. Gwaggo ta laƙaba mata Ta Kadawa, wato garin nan na noman tumatir, kuma abin haushin shi ne wannan ne ya bi ta, har yayyenta da shi suke kiran ta. Ni kaɗai nake cewa Tumadir a gidan, in na faɗa ma sai an juyo an ga da wa nake. Mai kayan miya na bakin layi kullum na je sai ya ƙara mini guda biyu a leda ya ce a gaida takwara. Da farko na so in daina saye a wurinsa, sai na lissafa na ga guda biyu kullum ba abin rainawa ba ne.

Shi kuma mai jan ƙofa shekaranjiya na aika Ummi ta karɓo tsanin, ya ce ta ce mini wani ya ara.