Wa Ya Tambayi Mai Ƙosai?

Wallahi na gaji! Kullum sai manya su kulle kansu a ɗakin taro na otal, su fito su ce sun tsara mana Kaduna ta shekara 30 masu zuwa. Da wa aka yi shawarar? An tambayi ɗan Keke Napep da ke shan ƙura tsakanin Rigasa da Kawo? An tambayi Inna mai ƙosai da ruwa ke cinye wa ɗaki duk damina idan Kogin Kaduna ya cika? Takardar ma da Turanci, kauri kamar bulo, an ɗora a intanet wai mu ba da ra'ayi! Da wace data? Jikokinmu ne fa za su zauna a garin nan, amma ko mai unguwarmu a rediyo ya ji!