Fim ɗin Indiya na sata: abin da ake yi a gida ba ya yiwuwa a Jamus

A Kano, mai son fim ɗin Indiya na faɗa yakan miƙa wayarsa ga masu tura fina-finai, ya biya ɗan abin da bai taka kara ya karya ba, a cika masa ita, kuma zuciyarsa ba ta raya masa cewa ya yi laifi. Najeriya tana da dokar haƙƙin mallaka ta 2022, amma idan an tashi kame, masu sayarwa ake nema. Da wannan sabo 'yan uwanmu suke isowa Jamus, inda nake zaune, kuma abin yana damuna ƙwarai.

A nan, wanda sunansa yake kan kwangilar intanet na gida shi ake fara nema. Mai amfani da manhajar torrent, wadda ake sauke fina-finai da ita daga intanet, yana rarraba fim ɗin ga wasu a daidai lokacin da yake sauke shi, ko ya sani ko bai sani ba, kuma wannan rarrabawar ce take jawo masa fitina. Masu haƙƙin fim sukan gano lambar da na'urarsa take shiga intanet da ita, kotu ta umarci kamfanin sadarwa ya bayar da sunansa da adireshinsa, sai wasiƙar lauya ta iso, wadda Jamusawa suke kira Abmahnung, ana neman kuɗin da kan kai kusan Yuro 1,000 a kan fim guda. Ga ɗalibi ko sabon zuwa mai aika wa iyaye kuɗi, wannan babbar asara ce. Kallo kai tsaye a intanet ba tare da saukewa ba ma ba mafita ba ne, domin tun 2017 kotun Tarayyar Turai ta yanke cewa kallo daga haramtacciyar kafa yana iya zama keta doka.

Indiya ita ma ta tsananta. Gyaran dokar fina-finanta na 2023 ya tanadi ɗaurin wata 3 zuwa shekara 3 ga mai ɗaukar fim a silima ba da izini ba, ko da yake shafukan fina-finan sata irin su Filmyzilla suna sauya adireshi duk lokacin da aka toshe su.

A ganina, nauyin yana kanmu da muka daɗe a nan. Kafin mu ba baƙo lambar sirrin intanet ɗin gida, mu sa ya cire manhajar torrent daga wayarsa, mu nuna masa cewa fina-finan Bollywood suna nan a Netflix da Prime Video, kuma gidajen silima a Balin da Frankfurt suna haska manyansu idan sun fito.