An karrama Herzog, an bar Bruno S. a bakin ƙofa

Tun da aka miƙa wa daraktan fim ɗan Jamus Werner Herzog kyautar Zakin Zinare ta girmamawa a bikin fina-finai na Venice a 2025 nake bin yabon da ake ta zuba masa. Kowa sai ya kawo jirgin ruwan da ya sa aka ja aka haye tudu da shi a Peru don ɗaukar wani fim, sai rigimarsa da ɗan wasan fim Klaus Kinski. Bruno S. kuwa, wanda ya yi tauraro a fina-finan Herzog guda biyu, in an tuna da shi, jimla guda ce, kuma ita ce ke ci min tuwo a ƙwarya: wai Herzog ne ya "gano" shi, wai ba wasa yake yi ba, rayuwarsa kawai ya zuba gaban kyamara.

An haifi Bruno Schleinstein a Berlin a 1932. Yana ɗan shekara uku uwarsa ta yi masa dukan da ya taɓa masa ji, daga nan ya shafe shekara 23 ana jefa shi daga gidan marayu zuwa gidan kangararru zuwa asibitin masu taɓin hankali, har da zamanin 'yan Nazi. Da ya fito, shi ya koya wa kansa akodiyon da fiyano. Ranakun aiki yana tuƙa motar ɗaga kaya a masana'anta, ƙarshen mako ya bi tsakar gidajen haya yana waƙa. Lutz Eisholz ya yi fim a kansa tun 1970, kuma a cikinsa Herzog ya fara ganinsa. To ina ganowar?

A duba fim ɗin Herzog na 1974 da Bruno ya fito a matsayin Kaspar Hauser, yaron nan ɗan kimanin shekara 16 da ya ɓullo a Nuremberg a 1828, da ƙyar yake tafiya, da ƙyar yake magana. Bruno a lokacin ya haura arba'in. Babban mutum ya sa 'yan kallo suka yarda yanzu yake koyon ɗaga ƙafa, yanzu yake haɗa kalma da kalma, har fim ɗin ya ci babbar kyautar alƙalai a bikin fina-finai na Cannes a 1975. In wannan ba gwaninta ba ce, a faɗa min sunanta. Da Kinski ne ya yi rabin haka, da an cika littattafai. Amma da yake talaka ne da ya kwana a asibitin mahaukata, sai gwanintarsa ta koma "ɗabi'a", ladan ya tafi aljihun darakta.

Masu kare Herzog za su ce ai ba don shi ba da babu wanda ya san Bruno, kamar dai suna yana biyan kuɗin haya.

Abin da ba sa son tunawa shi ne Woyzeck, wani fim ɗin Herzog. An yi wa Bruno alkawarin zama tauraron fim ɗin, har ya ɗauki hutu a wurin aiki, sai aka juya aka ba Kinski. Don lallashi ne Herzog ya rubuta masa fim ɗin Stroszek cikin 'yan kwanaki, aka ɗauki wani sashe a Wisconsin ta Amurka, ya fito a 1977. Bayan nan Herzog bai ƙara saka shi a fim ba. Bruno ya koma kan motarsa da akodiyonsa, yana zane a gefe, har ya rasu a Berlin a watan Agustan 2010 yana da shekara 78.

Gidajen adana fina-finai na Jamus su ware masa mako guda na nuni da sunansa shi kaɗai, masu sharhi kuma su daina cewa an gano shi. A rubuta sunan gaba ɗaya a kan allo, Schleinstein, a cire harafin nan guda da aka bar masa.